Na'urar da ke Kwaikwayon Kakarta

Habsatu ce ta haɗa, ni kallo ne nawa.
Ta tsuguna gaban tele da wani ɗan abu kamar ƙwallon dabino,
ta cusa shi a ƙugun sabuwar na'ura,
ta ce, "Baba, wannan za ta yi kamar ita ce waccan.
Za ta ari muryarta, ta ari tafiyarta."
Na ce to, ashe har ƙarfe ya iya kwaikwayon kakarsa.

Sai ga kiɗan.
Kiɗan nan siriri, kamar sauro ya koyi sarewa.
Ban san sa'ad da na ajiye kofin shayi ba.

Rumde Ajiya, shekara talatin baya,
shagon Bappa Sali mai gyaran rediyo.
Dala biyar, rai uku.
Mu goma a benci ɗaya, gumi na bin ƙauri,
zafin Garwa ya kwanta kan kwano kamar shi ke biyan haya.
Kaset in ya ƙi, a zare, a hura masa iska,
a goga a gefen riga, a yi bismilla, a mayar.
Tele in ta fara yayyafi, mari ɗaya ta dawo hayyacinta.
In wutar Lagdo ta ɗauke,
duk gadar da ka haye ta bi ta,
Bappa Sali kuwa ba ya mayar da kuɗi.

Hayatu ke riƙe manet na ɗaya, don shi ne wa.
Ni na biyu, mai maɓallin da ya lotse.

Yau hoton ya yi tsabta har ya ba ni kunya.
Ɗan mutumin da muka ɗauka jarumi,
ashe 'yan tubala ne aka jera, aka sa musu hula.
Na iso rami na uku,
wanda yatsana ya haddace tun bai saba da alƙalami ba.
Na danna, na faɗa.
Na sake, na faɗa.
Habsatu ta ce akwai ɗan jinkiri tsakanin yatsa da allo,
kayan aro haka yake.
Na karɓi uzurin hannu bibbiyu.
Ban tambayi wa ya makara cikinmu ba.

Sai ta nuna mini abin da tsohuwar ba ta da shi:
maɓallin komawa baya.
Ka riƙe, mamaci ya taso daga rami da baya da baya,
ya tsaya a baki, ko ƙwarzane babu.
Na riƙe. Na saki. Na riƙe.
Hanyar Gaundare, gangaren dutsen nan,
motar auduga, babur ɗin Hayatu, ranar Laraba.
Na danna har farcena ya yi fari.

Ɗan mutumin kaɗai ya dawo.

A jerin gwanaye babu HYT.
Allon fes, kamar ba a taɓa cin kowa a nan ba.
Ta kwaikwayi kiɗa, ta kwaikwayi rami,
ta manta warin dalma,
ta manta gwiwar hannunsa a haƙarƙarina
duk sa'ad da na kusa wuce shi.

Habsatu ta ɗauki manet na ɗaya, ba ta nemi izini ba.
Ta cije leɓen ƙasa,
ta karkata jiki duka wajen tsalle,
kamar kafaɗa ce za ta haye, ba yatsa ba.
Ba wanda ya koya mata wannan.
Ba ta taɓa ganinsa ba, sai a hoton bango.

Na ce, "Kar ki taɓa na komawa baya. Rai uku ne."
Ta ce, "In sun ƙare fa?"
Na ce, "Sai ki miƙo. Layina ne."